Sannunku da Aiki, Masu Hukunci Kafin Tambaya

Duk wanda ya san yadda shari'a ke cin lokaci a ƙasar nan, dole ya sara wa manyan ofisoshinmu. Alƙali zai shafe shekaru yana sauraron mai ƙara da wanda ake ƙara, a kira shaidu, lauyoyi su yi ta ja-in-ja, a ɗage zama, a sake ɗagewa. Ku kuwa, ranku ya daɗe, kun gano gajeriyar hanya. Takardar odita ta iso ranar Litinin, kafin Juma'a an san ɓarawo, an taɓa masa albashi, an rufe fayil, kowa ya tafi masallaci zuciyarsa fes. Ba a ɓata ko minti goma wajen tambayar mutumin abin da ya faru ba. Irin wannan ƙwazo ya cancanci yabo, kuma yabon na zo yi dalla-dalla, don kada wani ɓangare na aikinku ya wuce ba a ambata ba.

Abin burgewa na farko shi ne yadda kuke mayar da tambaya ta zama hukunci. Ita takardar odita a asalinta tambaya ce. Mai binciken kuɗi ya buɗe littafi, ya ga bauca babu rasit a jikinta, ko ya ƙirga buhunan siminti a sito ya ga ba su kai abin da aka rubuta ba, sai ya rubuta cewa a kawo bayani. Iyakar aikinsa ke nan a wannan matakin. Bai ce an yi sata ba, domin bai sani ba tukuna. Ta yiwu rasit ɗin yana wani fayil, ta yiwu an kwashi simintin zuwa wani reshe ba a cike takarda ba, ta yiwu kuma satar aka yi da gaske. Amma tsakanin teburin odita da teburin darakta, tafiyar da masinja ke yi cikin minti biyar, sai takardar ta balaga. Ta bar can tana tambaya, ta iso nan ɗauke da amsa har da sunan mai laifi. Kuma sunan ba ya taɓa kuskuren sauka a kan mai kujera mai juyawa. Kullum ƙasa yake gangarowa, wajen kashiya, ko mai kula da sito, ko akawun albashi, ko mai riƙe da makullin ɗakin magani. Wannan saiti ba ƙaramar baiwa ba ce.

Duk wanda ya yi aikin gwamnati ya san irin mutumin da nake nufi. Akawun kuɗi ne a wani ƙaramin ofishin tarayya a ɗaya daga cikin jihohinmu, yana mataki na 7, gemunsa ya fara furfura, babur ɗinsa ya girmi wasu daga cikin sababbin ma'aikata. Wata rana da hantsi shugaban ofis ya kira shi.

"Malam, a fitar da dubu ɗari huɗu yanzu-yanzu. Baƙi na hanya daga hedikwata, ga mai, ga masauki."

"Ranka ya daɗe, takardar amincewa fa?"

"Za ta biyo baya. Ko ba ka yarda da ni ba ne?"

Wane akawu ne zai ɗaga ido ya ce wa mai sa hannu a takardar ƙarin girmansa bai yarda da shi ba? Ya fitar, ya sa hannu a bauca, ya liƙa ɗan rasit ɗin gidan mai da direba ya kawo, sauran kuma aka ce za su zo. Ba su zo ba. Shekara uku ta wuce, shugaban ya samu ci gaba ya koma sama. Rannan sai ga takardar tuhuma: a yi bayani cikin awa 72 dalilin da zai hana a ɗauki mataki a kansa. Ya ruga ɗakin ajiye fayil.

"Baba, don Allah a duba mini fayil ɗin kuɗin waccan shekarar."

"Fayil ɗin yana sama."

"Sama wajen wa?"

"Wajen Yallaɓai. Kuma an ce kada a sauko da shi."

Kwafin rasit ɗin da ya adana a jakarsa irin takardar nan ce ta inji mai santsi, rubutun ya goge tas, ta koma fara. Ya je shagon buga takardu ya biya da kuɗinsa, ya rubuta abin da ya iya tunawa, ya kai. Babu wanda ya sa masa hannu cewa an karɓa. Ƙarshen wata saƙon banki ya shigo wayarsa, ya ga an fara yanka. Kwamitin da zai saurare shi bai ko zauna ba. Da ya zauna bayan wata uku, sai ya tarar wanda ke jagorancinsa shi ne mai cewa takarda za ta biyo baya. Aka bar shi a benci daga safe har azahar, sannan aka kira shi.

"Wannan sa hannun naka ne ko ba naka ba ne?"

"Nawa ne, ranka ya daɗe, amma…"

"Shi ke nan. Za ka ji daga gare mu."

Madalla da wannan zama. An kira shi, an gan shi, an rubuta a rahoto cewa ya bayyana a gaban kwamiti kuma ya amsa cewa sa hannunsa ne. Duk wanda ya karanta rahoton zai rantse an yi adalci. Abin da ya biyo baya kuma bai shafi ofis ba, don haka babu dalilin da zai dame ku. Mai shagon unguwa ya rufe masa littafin bashi. An koro ɗansa daga makaranta saboda kuɗin zango. A masallacin unguwa, inda a da ake ba shi ajiyar kuɗin gyaran rufi, yanzu an ba wani. Dangin mai neman 'yarsa sun ji labari, sun ce a ɗan dakata. Duk wannan ya samu kafin wani mahaluki ya bar shi ya ƙarasa jimla ɗaya.

Ba wanke shi nake yi ba. Ƙa'idar kuɗin gwamnati ta hana fitar da kuɗi da umarnin baki, kuma ya sani. A tuhume shi, in an samu sakaci a hukunta shi gwargwadon sakacinsa. Sai dai sakaci daban, sata daban, tsoron shugaba kuma daban, kuma babu mai iya rarrabe su sai wanda ya yarda ya saurara. Raina yana ɓaci a kan wannan fiye da yadda zan iya rubutawa, domin mutumin da aka yi wa haka ba kuɗi kaɗai ya rasa ba. Sunan da ya shekara ashirin yana tarawa aka zubar, kuma babu ma'ajin da ke biyan ariyas ɗin mutunci.

Sai kuma in yaba muku kan yadda kuke adana littattafan ƙa'ida. Suna nan cikin kabad sababbi fil, ko kunnen shafi ɗaya bai lanƙwashe ba. Da an buɗe, da an wahala. Tsarin Mulkin 1999, a sashe na 36, ya ba kowane mutum haƙƙin a saurare shi cikin adalci, cikin lokacin da ya dace, a gaban kotu ko majalisar shari'a da ba ta karkata ga kowa ba. Ƙaramin sashe na 2 ya taɓo hukumomin gwamnati kai tsaye: in doka ta ba hukuma ikon yanke shawarar da za ta shafi haƙƙin mutum, to dole a ba shi damar gabatar da bayaninsa kafin a yanke, ba bayan an yanke ba. Dokokin Aikin Gwamnati na tarayya sun ƙara fayyacewa. A rubuta wa ma'aikaci tuhumarsa a sarari. A ba shi damar ganin takardun da za a kafa hujja da su a kansa. A kammala shari'ar ladabtarwa cikin kwana 60, sai in batun ya shafi laifin da ke gaban kotu. Daga cikin duk ƙa'idojin ladabtarwa, awa 72 ɗin nan ta amsa tuhuma kaɗai kuka haddace, domin ita ce ta hau kan ma'aikaci. Kwana 60 da ta hau kanku kuwa, Allah ya yaye muku nauyinta. Shi ya sa ake samun mutum ya shekara biyu a dakace yana karɓar rabin albashi, ko ba ya karɓar komai, yana jiran kwamitin da shugabansa ya tafi taro.

Batun mai ƙara ya zama alƙali ma ba sabo ba ne, kuma a nan Arewa aka yi shari'ar da ta fi shahara a kansa. A Fabrairun 1983 ɗalibai suka yi tarzoma a Jami'ar Maiduguri, aka yi ƙone-ƙone da ɓarna. Jami'a ta kafa kwamitin bincike ƙarƙashin mataimakin shugabanta, wanda shi kansa yana cikin waɗanda tarzomar ta shafa, aka kori ɗalibai da dama. Suka je kotu. Aka yi ta hawa da sauka har Kotun Ƙoli, wadda a 1986 ta soke korar a shari'ar da lauyoyi ke kira ta Garba da Jami'ar Maiduguri. Kotun ba ta ce tarzoma abu ne mai kyau ba. Cewa ta yi ba a saurari ɗaliban yadda doka ta tanada ba, wanda abin ya shafa bai kamata ya zauna a kujerar hukunci ba, kuma zargin manyan laifuka aikin kotu ne. Shekara kusan arba'in ke nan ana koyar da wannan hukunci a kowace tsangayar shari'a a ƙasar nan. Juriyar da kuka nuna wajen rashin jin labarinsa abar koyi ce.

Kada wani ya ce ba ku san darajar sauraro ba. Kun sani sarai, adana shi kuka yi a inda ya dace, wato sama. Sashe na 85 na Tsarin Mulki ya ɗora wa Babban Mai Binciken Kuɗi na Tarayya ya miƙa rahotonsa ga Majalisar Tarayya cikin kwana 90 bayan ya karɓi bayanan kuɗi daga Akanta-Janar, su kuma majalisun biyu su miƙa wa kwamitocinsu na asusun gwamnati. A can ake gayyatar manyan sakatarori da shugabannin hukumomi su zo su kare kansu. Ku dubi irin karramawar da ake yi musu. A aika gayyata, ba su zo ba. A sake aikawa, su turo darakta ya ce Yallaɓai ya yi tafiya. A sake sa rana, su rubuto cewa ranar ta ci karo da wani muhimmin aiki. Sanata Matthew Urhoghide, wanda ya shugabanci kwamitin a Majalisar Dattawa, ya sha fitowa gaban 'yan jarida yana kukan hukumomin da suka ƙi amsa tambayoyin odita, har yana barazanar sa a kamo shugabanninsu, ikon da sashe na 89 ya ba majalisa. Rahoton odita na shekarar 2017 ya nuna cewa hukumomi sama da 200 ba su ma kawo bayanan kuɗinsu na shekarar ba, wasu kuma tunda aka kafa su ba su taɓa kawowa ba. Wannan kawaici na manya abin sha'awa ne. Ana roƙonsu su yi magana suna jin nauyi, shi kuma akawu yana roƙon a bar shi ya yi magana ana ce masa lokaci ya ƙure.

Ga misali ɗaya da ya kamata ya hana kowane ɗan Arewa barci. Rahoton odita na 2019 ya ce ya zuwa Disambar 2018, bindigogi 178,459 ne aka rubuta sun ɓata a rundunar 'yan sanda, daga ciki har da AK-47 guda 88,078. A ƙasar da 'yan bindiga ke tashin ƙauyuka a Zamfara da Katsina da Sakkwato, wannan ba tambayar da za ta kwana ba ce. Amma har watan Fabrairun 2025 kwamitin Majalisar Dattawa yana zama kan wani ɓangare na wannan tambaya, batun bindigogi 3,907, kuma a zaman ne Sufeto-Janar ya ba da haƙuri kan gayyatar baya da bai amsa ba. Rundunar ta musanta cewa makaman sun ɓata, ta kawo nata bayanin. Haƙƙinta ne, kuma daidai ne a saurare ta har ƙarshe. Abin da nake so mai karatu ya auna shi ne mudun. Tambayar dubban bindigogi an jira amsarta shekaru. Tambayar naira dubu ɗari huɗu an ba ta kwana uku, aka kuma fara yanka kafin a karanta amsar. Allah ya ƙara wa wannan mudu albarka, ya san mai tsayawa a gabansa.

Shi kansa odita bai tsira daga wannan adalci naku ba. A Janairun 2003, Vincent Azie, wanda yake riƙon muƙamin Babban Mai Binciken Kuɗi, ya miƙa rahoton kuɗin shekarar 2001, wanda ya tono almubazzaranci da biyan kuɗi ba bisa ƙa'ida ba a ma'aikatu, bai kuma ƙyale fadar shugaban ƙasa ko majalisa ba. Gwamnatin lokacin ta fito ta soki rahoton, wa'adin riƙonsa na wata shida ya cika, ba a tabbatar da shi ba, ya tafi. Darasin ya shiga kunnen duk wanda ya zo bayansa. Ofishin kuma aka bar shi yana jingine da dokar bincike ta 1956, dokar da Turawan mulkin mallaka suka rubuta tun kafin 'yancin kai, aka shafe sama da shekara 60 ana lallaɓawa da ita. Majalisa ta takwas ta zartar da ƙudurin sabuwar doka, ya je teburin Shugaba Buhari, bai samu sa hannu ba. Wannan riƙon amanar tarihi sai ku. Sakamakonsa shi ne rahoto yana zuwa a makare, na 2019 sai a 2021 aka miƙa shi, waɗanda suka biyo baya ma suka ƙara jinkiri. Jinkirin nan kuwa kowa da yadda yake cinsa. Babba kafin tambaya ta iso ya canza ma'aikata, ko ya yi ritaya, ko ya shiga siyasa. Ƙarami yana nan inda aka bar shi, rasit ya goge, direban da zai ba da shaida ya rasu, fayil ya hau sama.

Akwai dai wanda ya ja da irin wannan takarda ya yi nasara, kuma labarinsa ya isa a tsaya a kai. A 2013 hukumar FRC mai sa ido kan rahotannin kuɗi ta rubuta wa Shugaba Jonathan bayani kan asusun Babban Bankin Najeriya na 2012, tana zargin gwamnan bankin, Sanusi Lamido Sanusi, da saɓa ƙa'idojin kuɗi. Wannan ya faɗo a shekarar da shi kuma ya tayar da maganar biliyoyin dalolin man fetur da ya ce ba su shiga asusun tarayya ba. Ranar 20 ga Fabrairun 2014, yana Yamai wajen taro, aka sanar da dakatar da shi. Bayan haka ne hukumar ta gayyace shi ya zo a bincike shi. Ya tafi Babbar Kotun Tarayya a Legas, ya ce wanda ya riga ya rubuta cewa na yi laifi ba zai iya zaunawa ya saurare ni da zuciya ɗaya ba. A watan Mayun 2014 kotun ta yarda da shi, ta hana hukumar ci gaba da binciken. Kotu ba ta yanke cewa zarge-zargen gaskiya ne ko ƙarya ba. Abin da ta duba shi ne an sa hukunci gaba, tambaya a baya. Ko kana son mutumin ko ba ka sonsa, ƙa'idar da ta cece shi a ranar ita ce ƙa'idar da ta hau kan akawun mataki na 7. Bambancin shi ne ɗaya yana da manyan lauyoyi da jaridun duniya suna kallo, ɗayan kuma kuɗin shigar da ƙara kaɗai ya fi abin da ya rage a albashinsa. Kun yi hikima da kuka bar ƙofar kotu a buɗe ga kowa, kuna sane da wanda zai iya kaiwa bakinta.

Galibinku kuma masu addini ne, ba a rasa ku a sahun gaba, don haka ba sai na tsawaita ba. Kun san labarin Ibnul Lutbiyya, wanda Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya aika karɓar zakka. Da ya dawo aka yi masa lissafi, ya ware wani kaso ya ce wannan kyauta aka ba shi. An bar shi ya faɗi hujjarsa, aka ji ta, sannan aka ƙi karɓarta, aka kuma yi wa al'umma huɗuba a kai. Ga bincike, ga sauraro, ga hukunci, kowanne a muhallinsa, kuma sauraron bai kuɓutar da shi ba. Kun san kuma wasiyyar da aka yi wa Sayyadina Ali lokacin da aka tura shi Yaman yin alƙalanci, cewa in mutum biyu suka kawo masa ƙara, kada ya yanke wa na farko har sai ya ji na biyu kamar yadda ya ji na farko. Ana karanta waɗannan a zaurukan karatu tun muna yara. Yadda kuka iya raba abin da kuke ji a masallaci da abin da kuke sa wa hannu a ofis, wannan ilimi ne da malamanmu ba su koyar da mu ba.

Na san amsarku, kuma tana da ɗan nauyi. Za ku ce ɓarayi sun yi yawa, kuma da wannan haƙƙin sauraro suke fakewa su ja shari'a shekara goma. Gaskiya ne ana yin haka. Amma ku duba su wa ke yi. Mai iya jan shari'a shekara goma ba ya zama a benci daga safe zuwa azahar. Sannan ga abin da ba ku faɗa wa jama'a: duk lokacin da kuka tsallake sauraro, ɓarawon gaske kuke yi wa gata. Kotunan ƙasar nan sun daɗe da tsayar da cewa hukuncin da aka yanke ba tare da an saurari mutum ba rusasshe ne, komai ƙarfin hujjar da ke kansa. Ma'aikacin da doka ta kare aikinsa, in aka kore shi ta wannan hanya, Kotun Ma'aikata tana iya mayar da shi kujerarsa ta kuma sa a biya shi duk albashin shekarun da ya yi a gida. To wanda ya saci kuɗi da yawa yana da abin ɗaukar lauya, zai dawo da ariyas. Wanda bai saci komai ba ba shi da ko sisi, zai tafi da tabo. Tsarin da ke sakin mai laifi ya riƙe marar laifi, kuma duka biyun da takarda ɗaya, ba ƙaramin tunani aka yi wajen gina shi ba.

A nan ne zan ajiye yabo in faɗi abin da ke raina tsirara. Ba gaggawa ce ke hana ku sauraro ba, ba kuma kishin dukiyar jama'a ba ne. Tsoron abin da za a ji ne. Akawun nan in ya ƙarasa maganarsa zai faɗi rana, zai faɗi wanda ya kira shi, zai faɗi motar da aka zuba wa mai da otal ɗin da aka biya, zai faɗi wanda ya karɓi ragowar. Mai kula da sito in aka bar shi zai faɗi gidan da aka kai simintin. An bar jaki ana dukan taiki ne da gangan, domin taiki ba ya magana. Kuɗin jama'a ba ya dawowa ta wannan hanya. Naira dubu ɗari huɗu da aka tatsa daga albashin talaka an rufe baki da ita ne, babbar ɓarakar tana nan, shekara mai zuwa wani akawun zai faɗa ciki. Ma'aikata kuma suna kallo, suna koyon darasin da kuke koyarwa: gaskiya ba ta kare kowa, ubangida ke karewa. Daga ranar da ma'aikaci ya yarda da wannan, odita ya zama abin tsoro ga mai gaskiya kaɗai, binciken kuɗi kuma ya tashi daga aiki.

Saura kai, ɗan'uwa ma'aikaci, da takardar ta riga ta iso hannunka, ko take hanya. Kada ka tsaya kuka a gindin bishiyar ofis, kada kuma ka dogara da mai cewa ka yi shiru zai shiga maganar. Amsa a rubuce cikin wa'adin da aka ba ka, ko da amsar ita ce kana buƙatar ƙarin lokaci da dalilinka. Nemi ganin bauca da fayil da rahoton oditan a rubuce, ka ambaci kowace takarda da sunanta. Duk abin da ka miƙa, ka tsaya sai an buga wa kwafinka hatimi da kwanan wata, ka kai shi gida ka ajiye, kada ka bar shi a durowar ofis. Faɗi wanda ya ba ka umarni, da rana, da wanda yake wurin. In wanda abin ya shafa yana cikin kwamitin, rubuta ƙin amincewarka kafin a fara zama, cikin ladabi, ka nemi a sa ta a rubutaccen bayanin zaman. Sanar da ƙungiyarku ta ƙwadago tun ranar farko. Akwai Hukumar Karɓar Koke-koken Jama'a, wadda aka kafa a 1975, marigayi Yusuf Maitama Sule ya fara shugabanta, tana da ofis a kowace jiha, ba a biyan ko kwabo, amma ba ta karɓar kuka in abin ya wuce wata 12. Kotun Ma'aikata ma tana nan, kuma jinkiri yana iya kashe ƙara, don haka ka ga lauya da wuri. Daga yau kuma, duk wanda ya ce ka fitar da kuɗi takarda za ta biyo baya, ka ce masa, ranka ya daɗe, a rubuta mini ko layi biyu ne.

Ku kuma shugabannin ƙungiyoyin ƙwadago, da 'yan majalisar da muka zaɓa, da manyan sakatarorin da har yanzu ke tsoron Allah, abin da ake nema a wurinku bai kai tsadar motar ofis ɗaya ba. Kada a taɓa albashin kowa kan tambayar odita sai an ba shi takardun, an saurare shi a gaban waɗanda ba su da hannu a maganar, an kuma rubuta masa dalilin hukuncin. Wa'adin da aka ɗora wa akawu a ɗora wa shugaban hukumar da ya ƙi amsa gayyatar majalisa, da hukunci iri ɗaya. Wanda ya yanke wa bawan Allah albashi bai ji ta bakinsa ba, zalunci ya yi, ko da daga baya ta tabbata mutumin ɓarawo ne.